Ginin Haske na Kakana

Ni dai a gidanmu ba a saba aike na abin kirki ba, kuma ban ga laifin kowa ba. Ina aji huɗu na sakandare na ajiye biro, na ce wa Inna allo ne ke sa mini ciwon kai, na hau kabu-kabu. Tsakanin Gwandu da Dalijan da Dodoru babu ramin hanyar da bai san tayata ba. Baki kuwa Allah ya ba ni, in na fara tsiya a tasha har mai shayi sai ya zubar da madara. To amma abin da zan faɗa yanzu ba na dariya ba ne. In kun ji wasa a ciki, hali ne kawai.

Kakana na wajen uba magini ne, na ƙasa, irin na da. Soraye da zaurukan da ya ɗaga a Gwandu wasu har yau suna tsaye. Da bulo ya shigo, bayansa kuma ya ƙi, sai ya ajiye aiki. Ni Tsoho nake ce masa, shi kuma ja'iri yake ce mini, ban taɓa jin sunana na yanka a bakinsa ba. Wasan jika da kaka ne, mu kuwa mun kai shi inda ba a kai shi. In ce masa kabari na kiransa yana yi kamar bai ji ba, shi kuma ya ce ai sai ya ga ranar da na yi hankali, don haka zai daɗe.

Akwai wani ɗaki a ƙuryar gidanmu, da can albasa ake zubawa a ciki. Rufin kwano ne, ba taga. Da kakata ta rasu sai Tsoho ya kwashe tabarmarsa da butarsa ya koma can, a can kuma ya fara abin da mutanen gida suka kira ruɗun tsufa. Ya ce zai yi gini da haske.

Hujjarsa ita ce shekara hamsin yana jan igiyar awo, kuma duk yadda ya ja ta sai ta yi ɗan ciki a tsakiya, haske kuwa bai taɓa ganin ya yi ciki ba. Ya ce tunda haka ne, haske ya fi azara miƙewa, abin da ya rage a koyi yadda ake tsayar da shi, a lanƙwasa shi a kusurwa, a haɗa bakinsa da na ɗan'uwansa. Hayaƙi kuma shi ne yaɓensa, don in ba hayaƙi ba ka ganin jikinsa. Ya ce ilimi ne cikakke, kawai ba a kai ga rubuta shi ba. Daga ranar na ƙara masa suna, Furofesa.

Ga yadda tsarin yake. Ya huda kwanon rufi wuri huɗu, daidai kusurwoyin ɗakin, kowace huda kamar kan babban yatsa. A ƙasan kowace ya gina ɗan curin laka, ya dasa madubi a kai a karkace. Curin nan su yake kira ƙafafu. Maduban ma ni na kawo masa, don mu 'yan kabu-kabu da ka sayi sabon babur abin da kake fara yi shi ne kwance madubi ka jefar. In rana ta shigo ta hudojin nan ta sauka a miƙe, ka sami ginshiƙi huɗu. In maduban suka mayar da ita sama, huɗun suka haɗu a wuri ɗaya a tsakiyar ɗaki, ka sami wasu layi huɗu masu siffar dala. Layi takwas ke nan, ɗaki a cikin ɗaki.

Matsalar ita ce rana ba ta sauka a miƙe kullum. Sai ranar da ta tsaya daidai bisa kai, ranar da in ka fito da tsakar rana inuwarka tana ƙarƙashin takalminka. Sau biyu take yin haka a shekara, ɗaya a ƙarshen bazara, ɗaya a tsakiyar damina, kuma 'yan mintoci ne. Mai lissafa masa ranakun wani malamin lissafi ne a Kalgo, Kirista, mutumin wajen Zuru, maƙwabcin goggona da ke aure can. Tsoho ya taɓa gyara masa katangar da ruwa ya ci, daga nan suka ƙulla. Shi yana ce wa Tsoho Baba, Tsoho na ce masa Malam. Duk ranar da lissafi ya nuna, Malam zai hawo mota ya zo Gwandu, su shige ɗakin nan su rufe ƙofa, hayaƙi na fita ta ƙasan ƙyaure kamar ana gasa kifi.

Ni ban taɓa shiga ba a irin ranakun nan. Tsakar rana lokacin fasinja ne. In na dawo sai dai in leƙa in ce, "Furofesa, an gama benen? A ba ni haya ɗaki ɗaya." Ya ce, "Tahi can, ja'iri, kai da duhu anka haife ka." Ban san komai a kan aikin ba sai abin da nake tsokana da shi, kuma wannan rashin sanin shi ya jawo abin da ya faru.

A shekara ta shida idon Tsoho ya fara rufewa. Ba yanar ido ba ce, da an kankare. Likita a Birnin Kebbi ya ce hawan jinin ido ne, abin da ya tafi ya tafi, magani sai dai ya rage masa gudu. Daga gefe yake cin gani, yana matsowa tsakiya. Tsoho ya ce kamar ana tura shi cikin rijiya ne, bakin rijiyar na ƙara ƙanƙancewa. Amma a lokacin in ya tsaya a ƙofar ɗaki yana ganin ɗakin gaba ɗaya, ko da dishi-dishi. Kuma a gwajin daminar da ta wuce layi uku sun haɗu a sama, na huɗun ya kauce da yatsa uku, ya gyara shi. Ya tabbata ranar bazara mai zuwa ginin zai tsaya cif, kuma ya san ita ce ta ƙarshe da zai gan shi da sauran ido.

Saura sati uku ranar, aka kai shi Kalgo wajen goggo don ya fi kusa da likita. Daga can goggo ta bugo wa Inna waya, ina zaune ina cin tuwo, ta ce likita ya ce a kawar da duk abin da zai yi tuntuɓe da shi a inda yake kwana. Lokacin kuma hadari ya fara leƙowa ta gabas, unguwa duk maza na kan rufi, kowa na toshe kwanonsa kafin ruwan fari. Haka ake yi kowace shekara, ba mai jiran a ce masa.

Sai na ce bari ni ma sau ɗaya a rayuwata in yi abin da za a ce madalla. Ban gaya wa kowa ba. Na samo soson da ake sako rediyo a ciki, na narka shi a fetur ya zama danƙo, na hau rufi na shafe hudojin nan huɗu tas. Na sauko na ɗauki diga na tumɓuke ƙafafun nan huɗu, don a ganina su ne abin tuntuɓen, ga gilashi a kai. Na sayo siminti da kuɗin aikina, na shafe ƙasan ɗakin sumul. Maduban na goge su da rigata, na naɗe a tsumma, na sa a gwangwani. A raina na ce ai madubi madubi ne, in ya dawo ya ɗora su inda yake so, aikin minti biyar. Kwana biyu ban fita aiki ba saboda wannan. Inna ta leƙa ta ce Allah ya yi mini albarka, na ji kaina ya yi girma.

Ana gobe ranar suka sauka a tashar Gwandu, shi da Malam. Na ɗauko su biyun a babur, Tsoho a tsakiya. Duk hanya bakina bai rufu ba.

"Tsoho, na gyara maka ɗaki kamar na ango. Saura amarya, ita ma na yi maka magana da wata mai goro, haƙorinta biyu, naka uku, kun yi biyar."

"Malam, ka ji ɗan banza ko? Tuƙa mu dai, kak ka kashe ni ban ga aikina ba."

Muka isa. Ya cire takalmi a bakin ƙofa kamar yadda ya saba, ya sa ƙafa ɗaya ciki. Sai ya tsaya. Ya shafa ƙasan da tafin ƙafarsa. Ya bi bango da hannu har kusurwar farko, ya laluba da ƙafa, ya wuce ta biyu, ya laluba. Bai je ta uku ba. Ya ɗaga kai sama, inda ya saba ganin ɗigon haske huɗu, babu ko ɗaya.

"Ina ƙafafun?"

Na miƙa masa gwangwanin. "Ga madubanka nan, ko ɗaya bai fashe ba. Gobe sai mu ɗora."

Malam ya dafa ƙyaure, ya ce, "Wayyo Allah." A hankali ya faɗa.

Tsoho ya karɓi gwangwanin ya riƙe a ƙirji. Na jira zagi, na jira sanda, wallahi da ya rafka mini da na ji daɗi. Sai ya sake shafa ƙasan da ƙafa ya ce, "Simintin ya yi kyau. Hannunka ya iya shafe." Ya nemi tabarmarsa ya zauna. Ranar bai ce mini ja'iri ba, kuma bai sake cewa ba har tsawon wata guda.

Malam ya ja ni waje, gindin dalbejiya. Bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Ka san me ya sa abin ya ci shekara shida? Karkatar madubin nan ba a auna ta da ido. Sai rana ta sauka a kai ka ga inda ta tafi, ka jiƙa laka, ka matsa kaɗan, kafin ka sake dubawa rana ta wuce. Sai ka jira wata huɗu, ko wata takwas. Kowace ƙafa da ka tumɓuke, gyara goma sha ne a cikinta." Na ce, "Malam, ban sani ba." Ya ce, "Na san ba ka sani ba. Ka taɓa tambaya?"

Washegari sama tas, ko ƙyallin girgije babu. Da rana ta take, Tsoho ya fito tsakar gida ya tsaya a cikinta ba hula, ya sunkuyar da kai yana duban ƙafafunsa. Ni ma na duba nawa, babu inuwa. Ya daɗe a haka, har inuwar ta fara leƙowa ta gefen takalminsa, sannan ya koma ciki. Malam ya hau motar la'asar ya koma Kalgo.

Kwana goma ina aiki kamar wanda aka yi wa duka. A tasha suna ta tambaya ko an yi mini rasuwa. Saura rana ɗaya a shekarar, ta tsakiyar damina, kuma ko yaro ya san ba a maido aikin shekara shida a gwaji ɗaya.

Wata ranar kasuwa na sauke fasinja, sai na ga wani jan ɗigo na yawo a tankin babur ɗina. Wani mai sayar da tarkacen waya ne ke gwada 'yar tocilar nan ta maƙalin makulli, mai fitar da jan haske siriri kamar zare. Na tsaya ina kallon ta. Na saya, ban koma tasha ba, na kama hanyar Kalgo. Na sami Malam ya taso daga makaranta, yana wanke alli a hannu.

Na ce, "Malam, tunda ranar nan a miƙe take sauka, in na hau rufi na saki igiyar magini mai ƙarfe a baki ta cikin huda, na saita wannan jan abin ya bi igiyar, ba ya zama rana ba? Rana ta ƙarya, wadda za mu kunna duk sanda muka so?"

Ya karɓi tocilar, ya haska bango, ya kashe, ya sake haskawa. Ya dube ni ya ce, "Kai wane ne ya ce ka bar makaranta?" Na ce allo ne. Bai yi dariya ba, ya ce in zo in ɗauke shi ranar Asabar.

Tsoho da fari ya ƙi. Ya ce, "Rana ba ta aiki da batir. Ku bar ni." Na fasa simintin da hannuna a kusurwa huɗu, na sake huda kwanon, na kwaɓa laka, yana kwance ya ba mu baya. Malam ya hura kasko, ya zuba busasshen kashin shanu da ƙaiƙayi, hayaƙi ya cika ɗaki. Na hau sama na saki igiya, na kunna. Jan zaren ya sauko, ya bugi madubi, ya tashi ya soki bango can wani wuri. Malam na ta matsa madubi, abin na ƙara kaucewa. Can sai muka ji daga tabarma, "Lakar ta yi ruwa da yawa. Wa yak kwaɓa ta?" Na ce ni ne. Ya ce, "Ai na sani. Kawo ta nan, ja'iri." Ina kan rufi na ji kalmar nan, sai da na zauna a kan kwano mai zafi na ɗan jima kafin in iya saukowa.

Haka muka yi ta yi duk Asabar, wata uku da wani abu. Ranakun da ba aiki in kife gwangwanin madara a kan kowace huda, in danne da dutse saboda ruwa. Tsoho ke riƙe madubi, ya ce yatsunsa sun fi idonmu. Malam ke faɗin inda ɗigon ya sauka, ni ina sama ina gasuwa. Ƙafa ta farko ta ci mana Asabar biyar, ta ƙarshe biyu.

Idon kuwa bai jira mu ba. Farkon damina yana ganin fuskata duka. Da gero ya kai gwiwa ya ce daga goshina zuwa baki yake gani. Wata safiya na kai masa kunu, ya dube ni ya ce, "Yau hancinka kaɗai nika gani, kuma ya ishe ni azaba." Na yi dariya don ya ji, na fita na tsaya bayan ɗaki. Inna ta same ni a wurin, ta karɓi kwanon daga hannuna.

Ranar ta zo a cikin marka. Tun asuba sama a rufe, yayyafi na yi yana ɗaukewa. Malam ya iso da hantsi, wandonsa duk taɓo, ya ce motarsu sau biyu tana maƙalewa. Ya duba agogo ya ce saura awa biyu, daga baya ya ce saura ɗaya. Muka zaunar da Tsoho a kan turmi a bakin ƙofa daga ciki, inda zai fuskanci ɗakin duka. Aka hura kasko. Na hau rufi na cire gwangwanaye, na tsaya ina kallon gajimare. Ban iya doguwar addu'a ba, abin da na iya shi na yi ta maimaitawa.

Malam ya ƙwala daga ciki cewa lokaci ya shiga. Sama ba ta motsa ba. Minti ɗaya, biyu. Sai wani wuri a gajimaren ya yi fari, ya yage, zafi ya sauko mini a ƙeya. Ban bi tsani ba, tsalle na yi, na faɗa ɗakin na ja ƙyaure.

Ginin na tsaye. Ginshiƙi huɗu farare a kusurwoyi, a miƙe kamar an ja su da awo, daga gindin kowanne wani layi ya tashi a karkace, huɗun suka haɗu sama da kanmu a wuri ɗaya da bai fi ƙwayar goro ba. Hayaƙi na ratsa su yana juyawa, su ko motsi ba sa yi. Ni na gan shi duka, a kallo ɗaya, ni da ban taɓa tambaya ba.

Tsoho kuwa sai da ya nemo shi. Ganinsa ya koma kamar na mai leƙe ta cikin kara. Ya yi ta juya kai a hankali har ya ci karo da ginshiƙin farko, ya bi shi daga sama har ƙasa, ya ce, "Ɗaya." Daga madubin ya bi layin da ya tashi, yana ɗaga haɓa kaɗan-kaɗan har ƙololuwa. "Biyu." Ya ɗan tsaya a ƙololuwar. Ya gangaro ta wani layin, uku, ya hau ginshiƙinsa, huɗu. Ya ɓace, ya yi ta lalube a cikin duhu, na kama kansa da hannu biyu na juya shi wajen kusurwar yamma. "Biyat."

Sai hasken ya dushe, kamar an rage fitila, ya ɗauke. Muka ji ruwa ya fara buga kwano.

Malam ya cire tabarau yana goge ido, ya ce hayaƙi ne. Ruwa ya fara ɗigowa ta hudojin yana sauka a kan maduban.

Tsoho ya ce, "Ukkun da ban gani ba, sun miƙe?"

Na ce, "Sun miƙe, Tsoho."

"Kai kag gani, ko tsiyar taka ce?"

"Wallahi na…"

"Kak ka rantse. Malam?"

Malam ya ce, "Sun miƙe, Baba. Takwas ɗin duka. A sama ma bakinsu ɗaya."

Ya gyaɗa kai. Ya ce, "Bakin nasu ni ma na gane shi." Ya ɗora hannunsa a kan gwiwa. Na durƙusa a gabansa na ce ya yafe mini, da ban taɓa ɗakin nan ba da ya gan shi duka tun bazara. Bai ce ba haka ba ne, don bai saba ƙarya ba. Ya lalubo kaina ya dafa, ya ce, "Da na gane shi duka, gaskiya ne. Na yahe. Tashi ka hid da ni, hayaƙin ga ya ishe ni."

Na kama hannunsa muka fito, Malam ya riƙe mana lema har rumfar Inna. Kafin a yanke gero a shekarar sauran ganin ya tafi, ko fitila aka kawo gaban fuskarsa sai dai ya ji ɗuminta. Ya ƙara shekara ɗaya da 'yan watanni a duniya, ni ke kai shi masallaci ina dawo da shi. In mutane suka zo gaishe shi suka tambayi labarin ginin, yakan ce biyar ya gani, sauran ukun a tambaye ni.